Wane Suna Za Mu Ba Dokumentari da Hausa?

Assalamu alaikum malamai da 'yan'uwa masu kishin harshe. Ina roƙon mu tsaya a kan kalmar "dokumentari", wato fim ɗin da yake nuna mutane da al'amura na zahiri, ba wasan kwaikwayo ba, domin matasanmu na Sakkwato da suka ɗauki kyamara suna bin majema da masunta da dattawan da suka riƙe tarihin garuruwansu, har yau ba su da sunan da za su gabatar da sana'arsu da shi. Idan matashi ya ce shi ɗan fim ne, sai a ɗauka wasan kwaikwayo yake nufi, kuma dattawa da yawa daga nan suke kama bakinsu.

Gidajen rediyo da talabijin sukan ce "shiri na musamman", amma hira da gwamna ma haka ake kiranta. "Fim ɗin tarihi" kuwa ya yi ƙunci, don wanda ya ɗauki halin da manoman fadama suke ciki bayan ambaliyar gulbin Rima, abin da ake ciki yau yake nunawa. Wasu sun kawo "fim ɗin gaskiya", sai dai ina ganin nauyinsa ya yi yawa, tunda mai tace hoto shi yake zaɓar abin da zai bari da abin da zai yanke.

Akwai masu son a farfaɗo da "majigi", kuma na fahimci dalilinsu, domin iyayenmu sun san kalmar sarai. Turawan mulkin mallaka sun kafa sashen fim a 1939, motocinsu suna shiga gari-gari, a kafa farin ƙyalle a fili bayan faɗuwar rana, a nuna yadda ake tsafta da noman gyaɗa da auduga. To, amma majigi muryar hukuma ce, ita ta biya kuɗin, ita kuma ta tsara abin da za a faɗa. Bai dace a ɗora wannan suna a kan mutumin da yake tara kuɗin hayar kyamara daga aljihunsa don kada kowa ya gindaya masa sharaɗi ba.

Shawarata ita ce mu ce "fim ɗin shaida", jam'insa "finafinan shaida". John Grierson, mutumin Sikotland, shi ya yayata kalmar "dokumentari" a 1926, kuma tushenta shi ne sunan takardar da ake kafa hujja da ita, don haka ba mu yi nisa da asali ba. Abin da ya fi ja hankalina shi ne, Bahaushe ya san hukuncin shaida tun daga zauren alƙali: mai shaida abin da ya gani da ido yake faɗa, ana iya yi masa tambayoyi, kuma idan ya ƙara gishiri ya zama mai shaidar zur. Darakta da ya shirya wa mutane abin da za su faɗa sannan ya ce haka ya tarar, da wannan ma'auni za a auna shi.

Game da sunan da za a ba mai shirya fim wanda ba ya ƙarƙashin kowa, na fi son "mai cin gashin kansa", saboda "mai zaman kansa" ya haɗa har da manyan kamfanoni.

Matsala ɗaya da nake hangowa game da "fim ɗin shaida" ita ce, wani zai iya zaton bidiyon da ake gabatarwa a kotu ake nufi. Ina fatan malamanmu na Hausa a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da ma'aikatan Rediyon Rima za su gwada kalmar cikin jimloli, su gaya mana ko wannan ruɗani ya isa a sauya ta.