Gudu ya yi ko hijira? Rigimar Dino De Laurentiis

Baban Khairat: Jama'a, yau raina a ɓace yake. Fili na sayar na zuba a fim, an gama aiki, sai ga darakta yana zagaya gidajen rediyo yana cewa "fim ɗina". Ko sunana bai ambata ba. Ku nemi tarihin furodusa Dino De Laurentiis, ɗan Italiya, ku ga waye mai fim. A 1919 aka haife shi a Torre Annunziata kusa da Napoli, ya tashi yana tallar taliyar babansa. Shi da Carlo Ponti suka ɗauki nauyin La Strada a 1954, fim ɗin ya ci Oscar, amma yau daraktan fim ɗin, Fellini, kowa ke kira. Har ya gudu Amurka ba a daina yi masa wannan butulcin ba.

Ɗan Fagge: Gudu? Alhaji gyara zancenka. Ɓarawo ne ke gudu.

Malam Na-Gwale: Ai gudun ya yi. Ya gina katafaren sutudiyo a bayan garin Rum, har ya laƙa masa sunansa, Dinocittà, abin ya durƙushe, ya tattara ya bar ƙasar. Wannan ba gudu ba ne, menene?

Ɗan Fagge: Malam, hijira ce ta neman arziki. Wanda ya gudu ɓuya yake yi. Shi kuwa yana sauka ya fitar da Serpico a 1973, King Kong a 1976.

Hajiya Uwani: Kai yaro, kalmar hijira ba abin wasa ba ce. Ka ce cirani.

Ɗan Fagge: Hajiya, ɗan cirani yana komawa gida da damina. Wannan a Beverly Hills ya mutu a 2010, yana da shekara 91.

Malam Na-Gwale: Ka gani, ka yanke wa kanka hukunci. Can ɗin ma kamfaninsa ya karye a 1988. Kuma kuɗin da ya narka a Dune na 1984 bai dawo ba.

Ɗan Fagge: Kai fim nawa ka taɓa yi?

Malam Na-Gwale: Sai na iya girki kafin in ce tuwo ya yi gishiri?

Abba Osimhen: Tsaya, De Laurentiis? Ba shi ne mai Napoli da ya wulaƙanta mana Osimhen ba?

Hajiya Uwani: Wancan Aurelio ne, ɗan wansa Luigi. Shi ma furodusa ne.

Abba Osimhen: Gida ɗaya ne ai. Yaro ya ci musu kofin gasar Serie A ta Italiya a 2023 bayan shekara 33, suka saka bidiyo a TikTok suna masa ba'a don ya ɓarar da fanareti. Shi ma za ku ce gudu ya yi Galatasaray?

Sani Inter: Ba shi kaɗai ya ci kofin ba. Kvaratskhelia fa?

Abba Osimhen: Ƙwallo 26 a gasar. Kawo naka lissafin.

Baban Khairat: Don Allah maganar darakta nake yi. Ba wanda ya ce min ko sannu.

Sani Inter: Sannu Alhaji. Abba, ka cire masu ba shi ƙwallo ka ga ko zai ci goma.

Hajiya Uwani: Baban Khairat, wane fili ka sayar? Ba dai na gadon nan ba?

Shugaban zaure (Malam Na-Gwale): To, na rufe nan. Abin da aka tsayar: mafi yawa sun yarda Dino gudu ya yi, Ɗan Fagge bai kawo hujja ba sai tsiwa. An yarda ya ci Oscar da Fellini har sau biyu, a La Strada da Cabiria, lokacin yana gida Italiya, wanda ke nuna can ne albarkarsa take. Maganar Osimhen a kai ta zauren ƙwallo. Baban Khairat kuma gobe ka rubuta yarjejeniya kafin ka sayar da wani filin.

Ɗan Fagge: Mafi yawa su wa? Kai kaɗai ne fa.