Wai bautar da aka yi a ƙasar Hausa ta fi ta Turawa sauƙi?

Malam Sani: Ni fa har gobe ina kan bakana, bautar da aka yi a ƙasar nan ba irin ta Turawa ba ce. Su mutum sama da miliyan 12 suka loda a jiragen ruwa, kusan miliyan 2 a hanya suka mutu aka watsa su teku. A nan kuwa bawa ya zama Shamaki ko Ɗan Rimi ko Sallama a fadar Kano, da dawakinsa da barorinsa. Wane bawa ne ya taɓa riƙe sarauta a Amurka?

Hajiya Binta: Haba Malam, bayin fada su nawa ne duka duka? Ka bar waɗanda ke rinji, wato ƙauyen bayi na gona, suna noma wa wani tun safe har rana ta take, ka ɗauko 'yan tsirarun da suka hau doki. Masana tarihi sun ƙiyasta wajen shekarar 1900 bayin da ke daular Sakkwato sun kai miliyan 1 zuwa 2 da rabi, kuma waɗannan ba daga sama suka faɗo ba, hari aka kai garuruwansu aka ƙone aka raba uwa da ɗa.

Aminu: Amma Hajiya akwai murgu fa, bawa ya yi sana'arsa yana biyan ubangidansa har ya tara ya fanshi kansa. Kuma ƙwarƙwara in ta haihu ɗan nan ɗa ne, yana cin gado har sarauta yana iya yi. A Bajiniya ta Amurka tun 1662 dokarsu ta ce ɗan baiwa bawa ne ko da ubangidan ne ya haife shi.

Hajiya Binta: Wannan gaskiya ne ƙanina ban musa ba. To amma ita ƙwarƙwarar wa ya nemi yardarta? Kuma bacucane fa, wanda uwa da uba duk bayi ne, ai cikin bautar ya buɗe ido.

Ibrahim Maraɗi: Ku dai kuna ta raba abin gida biyu kamar ba su haɗu ba, alhali ayarin da ke bi ta Damagaram da Agadas zuwa Gat da Tarabulus ba fata da gashin jimina kaɗai yake ɗauka ba har da mutane, wasu kuma kudu aka gangara da su ta Nufe da ƙasar Yarbawa har bakin teku, shi ya sa a Bahiya ta Burazil aka samu Hausawa da suka shirya bore a 1807, sannan a 1835 bayi Musulmi suka sake tashi da layu da rubutun Larabci a jikinsu. Bature bai shigo Katsina ya kamo su da hannunsa ba wallahi.

Malam Sani: Wannan ai saɓa wa shari'a ne, kuma malamai ba su yi shiru ba. Ahmad Baba na Tambutu tun 1615 ya yi fatawa cewa mutanen Kano da Katsina da Borno Musulmi ne bai halatta a bautar da su ba. Shehu Usmanu ma yana cikin abin da ya zargi sarakunan Haɓe da shi.

Hajiya Binta: To da ba a yi ai da bai yi fatawar ba Malam. Kuma Gwarawan da Nagwamatse na Kwantagora ya dinga kai wa hari, su wa ya tsaya musu?

Ibrahim Maraɗi: Mu nan Nijar ma abin bai zama tarihi ba tukuna. Sai 2003 aka mayar da bauta laifi a doka. Hadijatu Mani tana shekara 12 aka sayar da ita wahaya, wato baiwar da ake ajiyewa kamar mata ta biyar ba tare da aure ba, sai a 2008 kotun ECOWAS ta ce gwamnati ta gaza kare ta.

Aminu: Najeriya ma Turawan ba su yi sauri ba. Gwamna Lugga cewa ya yi wanda aka haifa bayan 31 ga Maris 1901 ɗa ne, iyayen kuma sai 1936 doka ta 'yanta su.

Hajiya Binta: A unguwarmu an fasa aure bayan an kai kuɗin gaisuwa, yaro mai ilimi mai sana'a, don kawai wata tsohuwa ta ce kakan kakansa saye aka yi. Yarinyar har yau ba ta dawo daidai ba.

Malam Sani: Subhanallah, wannan kam zalunci ne, in a gabana aka yi sai na yi magana. Amma Hajiya ban janye ba, in za a gwada a gwada da abin da aka yi a gonakin rake na Jamaika.