Abin da aka tattaro kan mata sojoji da shari'ar soja

An yi muhawara kan cin zarafin mata sojoji, da yadda shari'ar soja ke kula da kokensu, da batun tura su fagen daga. Na bi muhawarar tun farko, ga inda ta tsaya.

1. Kusan kowa ya yarda cewa matsalar tana wurin kai ƙara. Idan ogan mace soja ne ya ci zarafinta, kuma ta hannunsa takardar koke za ta bi, wa za ta gaya wa? Yawanci sai ta haɗiye, don gudun canjin wurin aiki ko hana ta ƙarin girma. An yi ta kawo misalin Amurka: bayan kisan wata soja mai suna Vanessa Guillén a barikin Fort Hood a 2020, an ƙwace ikon gurfanarwa kan fyaɗe daga hannun kwamandoji, aka miƙa wa lauyoyin soja masu zaman kansu daga Disamba 2023. A ganina nan ne hujja ta fi ƙarfi.

2. A sa mata cikin masu zaman kotun soja. Ba wanda ya musa.

3. Fagen daga kuwa ya raba kawuna. Wasu sun ce tunda NDA, makarantar horar da hafsoshin sojan Najeriya da ke Kaduna, ta fara ɗaukar mata a kwas ɗin hafsoshin yaƙi a 2011, a bar cancanta ta yi magana. Wasu suka kafe kan ciki da goyo, da ƙarancin makwanci da banɗakin mata a sansani.