Idan hukunci ya yi sassauci, wa ke da ikon ɗaukaka ƙara?

Abin da aka fi nanatawa a wata tattaunawa da aka yi kan wannan tambaya shi ne, shari'ar laifi tsakanin gwamnati ce da wanda ake tuhuma. Wanda aka zalunta, komai zafin da yake ji, galibi shaida ne kawai. Don haka ɗaukaka ƙara kan sassauci aikin mai gabatar da ƙara ne.

An daɗe kan misalin Ingila da Wales. A can, dokar 1988 ta ba Antoni Janar ikon miƙa hukuncin wasu manyan laifuka ga Kotun Ɗaukaka Ƙara, kuma kowa na iya roƙonsa ya duba, ko da ba shi da alaƙa da shari'ar. Sai dai wa'adin da dokar ta zo da shi kwana 28 ne kacal daga ranar yanke hukunci. A ganina wannan ya yi kaɗan ga iyalin da ke cikin jimami. Kuma sassauci kaɗai bai isa ba, sai ya wuce gona da iri.

A Faransa, wanda aka zalunta kan batun diyya kawai zai iya ɗaukaka ƙara.

Shawarar da aka tsaya a kai: a tuntuɓi ofishin mai gabatar da ƙara a rubuce, ba tare da ɓata lokaci ba.