Mene ne "acariens" a kwalbar magani?

Mai lambu, Tawa: Malamai, ganyen tumatirina ya yi ɗigo-ɗigo fari, ga saƙa a ƙasansa. Kwalba ta ce "acariens". Su ke nan?

Malamin gona: Su ne. "Acariens" sunan wasu ƙananan halittu ne da Faransanci; a kimiyyance Acari, ayarin da ya haɗa kaska da ƙwayar ƙazwa. Naka jan gizo-gizo ne, dangin Tetranychidae. Babbansa rabin milimita, ƙafa 8, ɗan ƙyanƙyasa 6. Karkaɗa ganye bisa farar takarda, za ka ga jajaye suna rarrafe.

Mai magani, Yamai: Alhaji, nemi "acaricide", wato maganin kashe acariens, kamar abamektin. Maganin ƙwari na gama-gari maƙiyansu yake kashewa, sai su ƙaru. Fesa ƙasan ganye da marece, maimaita bayan kwana 7, ƙwai ba ya mutuwa.