"Gida mai jin magana": sunan da nake so mu tsayar

Zare ne, kuma na buɗe shi don mu tsayar da magana ɗaya. Kwana uku ke nan ina fama da wani rubutu kan kamfanonin da suka mamaye kasuwar kayan gida masu aiki da intanet, su Amazon da Google da Samsung da Xiaomi, amma duk inda na iso kan abin da Turawa ke kira "smart home" sai alƙalami ya cije. Shekaranjiya na yi tambaya a nan kan sunan da ya dace mu kira shi da Hausa, kun ba ni amsoshi masu yawa, Allah ya saka da alheri. Ga inda na tsaya.

Bari in fara da abin da ake nufi, don wasu sun ɗauka gida ne mai tayil da fenti mai sheƙi. Gida ne wanda ƙwan fitilarsa da soket da makullin ƙofa da kyamara da na'urar sanyaya ɗaki suke jone da intanet. Mai gida yana ba su umarni ta waya ko da baki, wasunsu kuma su kama aiki da kansu in sun ji motsi ko zafi ko hayaƙi.

Mafi yawanku kun ce "gida mai wayo". Na juya shi a baki sau da yawa, bai zauna mini ba. Wayo a wurinmu yana da fuska biyu. Akwai na yaron da ya yi wayo ya fara gane mutane, akwai kuma na "ya yi mini wayo", wanda ke tafe da cuta. In ka ce wa dattijo za ka sayar masa da makulli mai wayo, zai tambaye ka wa makullin zai yi wa wayon. "Gida mai hankali" kuma ya yi nauyi, hankali na ɗan Adam ne, da shi ake ɗora wa mutum alhakin abin da ya aikata. "Basira" mun riga mun ba ta wani aiki a "ƙirƙirarriyar basira", kuma soket ɗin da ke kashe kansa ƙarfe goma na dare ba shi da wata basira, agogo kawai yake bi.

"Gidan zamani" na ajiye shi nan take. Dillalan gidaje sun daɗe da riƙe shi.

Wani ɗan'uwa ya kawo "gidan komai-da-ruwanka", ya ce tunda haka muke kiran babbar waya, a bi sahu. Dalilinsa mai kyau ne, ya nuna yadda Bahaushe ke raɗa wa abu suna daga halinsa: tafi-da-gidanka, jirgi maras matuƙi, tauraron ɗan Adam. Sai dai in an jingina komai-da-ruwanka ga gida, kunne yana kai shi ga mutanen gidan ne, masu shiga sharo ba shanu. Wani kuma daga Damagaram ya ce su a can "domotik" suke ji a bakin masu Faransanci, kalmar da aka gina a kan "domus", gida ke nan da Latin. Ta yi wa Faransawa aiki, mu ba ta gaya mana komai.

Sunan da na zaɓa ba ni na ƙago shi ba. Ƙanena yana aikin haɗa sola da kyamarori. Bara ya saka wa gidanmu soket guda biyu da ƙwan fitila uku irin waɗannan, ya jona injin turo ruwa a ɗaya daga cikin soket ɗin. Ranar da ya gama, Hajiya tana zaune a tabarma tana tsinke zogale, ya tsaya a bakin ƙofar ɗakinta ya yi wa wayarsa magana, fitilar tsakar gida ta kama. Ya sake magana, ta mutu. Hajiya ta ɗaga kai ta kalli ƙwan, ta kalle shi, ta ce, "Ikon Allah! Ashe gidan yana jin magana."

Tun da na tuna da wannan rana ban ƙara neman wani suna ba. Gida mai jin magana.

Ku dubi faɗin kalmar "ji" a Hausa. Muna jin sauti, muna jin zafi da sanyi, muna jin ƙauri, muna jin motsi, muna jin yare, kuma yaron da aka umarta ya bi shi ne mai jin magana. Duk kayan da waɗannan kamfanoni ke gasa a kansu, ɗaya daga cikin waɗannan jin suke sayarwa.

Ɗauki kamfanin Nest. Tony Fadell da Matt Rogers, tsofaffin ma'aikatan Apple, suka kafa shi a 2010. A 2011 suka fitar da wata 'yar na'urar bango mai daidaita ɗumin gida: tana jin zafin ɗaki, tana jin ko akwai mai motsi a ciki, a hankali ta koyi lokacin fita da dawowar masu gida. Bayanta suka kawo mai jin hayaƙi. A Janairun 2014 Google ta saye kamfanin a kan dala biliyan 3.2. Wannan shekara ta 2014 ita ce shekarar wasoso. Apple ta sanar da HomeKit, tsarinta na sarrafa kayan gida ta waya, a watan Yuni, Samsung ta saye kamfanin SmartThings mai haɗa irin waɗannan kayan a Agusta, a Nuwamba kuma Amazon ta fito da Echo.

Echo ɗin nan ya burge ni ta fuskar suna, domin ma'anar kalmar ita ce amsa-kuwwa, kuma da ma haka muke kiran lasifika. Lasifika ce doguwa kamar gwangwani, an saka wa ta farko makirufo bakwai don ta ji mai magana daga kowace kusurwar ɗaki. Sai ka kira sunan Alexa, wato manhajar da ke magana a cikinta, sannan ta amsa. Wannan ba ta buƙatar dogon nazari, amsa-kuwwa mai ji ce. A 2018 Amazon ta ƙara da sayen Ring a kan kimanin dala biliyan 1, masu ƙararrawar ƙofa mai kyamara. Aikinta shi ne aikin yaron da ake aika zaure a ce je ka dubo wa ke sallama, sai dai ita tana kawo maka fuskar baƙon a waya ko kana kasuwa.

Amma abin da ke shigowa gidajenmu yawanci ba na waɗannan ba ne. Ƙanena ya ce kusan duk soket da ƙwan da yake sakawa, ko wane suna aka buga a kwalin, manhaja ɗaya suke nema, Smart Life. Ta kamfanin Tuya ce, wanda aka kafa a birnin Hangzhou na China a 2014. Shi ba kasafai yake sa sunansa a gaban kaya ba, yana ba ɗimbin masana'antu ɗan allon da ake sakawa ciki da manhajar da ke tafiyar da shi. Ga kuma Xiaomi da jerin kayanta na Mijia tun 2016, daga tukunyar dafa shinkafa har na'urar shara. Ga kyamarorin Ezviz na Hikvision da Tapo na TP-Link. Duk sunan da za mu tsayar sai ya iya ɗaukar soket mai araha kamar yadda zai ɗauki gidan attajiri, kuma "mai jin magana" ya ɗauka.

Wata malama ta yi mini gyaran da ya fi kowane nauyi. Ta ce, "Malam, yaya za ka ce yana jin magana alhali ba ya jin Hausa?" Gaskiyarki, Malama. Ranar nan da Turanci ƙanena ya ba da umarni. Alexa ta fara jin Larabcin yankin Gulf a ƙarshen 2021, amma ita da takwararta Siri ta Apple ba sa jin Hausa. Hajiya da ta raɗa sunan ba za ta iya cewa "kashe fitila" ta mutu ba, kuma wannan yana yi mini ciwo. Sai dai ina ganin sunan ne ma zai riƙa tona giɓin. Duk wanda aka ce masa gida yana jin magana, tambayarsa ta farko ita ce da wane yare, kuma tambayar da nake so masu saye su riƙa yi wa masu sayarwa ke nan.

Akwai wani dalilin da ya sa na ƙi sakin wannan suna. Kalmar Turancin yabo ce zalla, 'yan talla suka so ta. Tamu tana yabo, tana kuma gargaɗi, domin abin da ke jin maganarka in ka umarce shi, kunnensa a buɗe yake a cikin ɗakinka. A 2019 ya fito fili cewa akwai ma'aikatan Amazon da ke sauraron wani ɓangare na muryoyin da Alexa ta naɗa, don inganta fahimtarta. A 2023 kamfanin ya amince zai biya dala miliyan 25 a Amurka kan zargin ajiye muryoyin yara fiye da yadda doka ta yarda, Ring kuma dala miliyan 5.8 kan zargin barin ma'aikata suna kallon bidiyon masu saye. Mu da muka san darajar sirrin cikin gida, da zaure da labule da sallama, ya kamata sunan abin ya tuna wa mutum wannan tun kafin ya kai shi ɗakin iyalinsa.

Sannan sunan yana buɗe tambaya ta biyu: maganar wa yake ji? Yawancin kayan nan umarninka yana fita ne daga wayarka ya je manyan kwamfutocin kamfani, waɗanda wasu marubutanmu ke kira uwar-garke, sannan ya dawo ya taɓa soket ɗin da ke gabanka. Wani dare intanet ɗinmu ya yanke, tanki ya cika yana ambaliya, ina ta danna waya daga kan gado injin ya yi kunnen ƙashi, sai da na fita cikin ruwan na zare shi da hannu. Da safe da na ba Hajiya labari cewa ta yi, "To, ya daina ji ke nan." Kun ga yadda kalmar ke lanƙwasuwa ba tare da an tilasta mata ba. Na wasu ya fi nawa muni. A Mayun 2016 Nest ta rufe hidimar Revolv, wata na'ura da ke haɗa kayan gida wuri ɗaya, wadda mutane suka saya a kan kusan dala 300, ta koma ba ta aikin komai. A Afrilun 2022 masu kayan kamfanin Insteon suka wayi gari manhajarsu ba ta amsawa, ba tare da an sanar da su ba.

Har tsarin Matter sunan ya sauƙaƙa mini bayaninsa. A Disambar 2019 Amazon da Apple da Google da ƙawancen kamfanoni na Zigbee suka sanar za su yi ƙa'ida ɗaya, aka fitar da zubin farko a Oktoban 2022. Da Hausa jimla ɗaya ta isa: yare ne da aka yi don kayan kamfanoni daban-daban su ji maganar juna.

Su kansu na'urorin, ina ba da shawarar "kayan jone". Masu aikin wuta sun riga sun saba da "jona" da "a jone yake". "Kayan haɗi" na miya ne, "kayan sadarwa" kuma na masu eriya da turakun waya.

Saboda haka a rubutuna zan sa "gida mai jin magana" a farkon ambato, daga nan in taƙaita zuwa "gida mai ji": ƙwan fitila mai ji, makulli mai ji, amsa-kuwwa mai ji. Abin da ya rage mini shi ne "kayan jone". A kunnena na Kano ya zauna, amma ina so in ji daga mutanen Sakkwato da Katsina da Maraɗi da zangon Kumasi, ko a wurinku "jone" na kai hankali ga intanet, ko kuwa ga wayar wutar da aka ja daga gidan maƙwabci. Zan miƙa rubutun ranar Alhamis, in Allah ya yarda.