Neman shawara: in tsaya a tace fim, ko in rungumi duk aikin da ya samu a Burazil?

Assalamu alaikum 'yan uwa. Ɗalibi ne ni a Niterói, kusa da Rio, ina karatun fim. Tace fim, wato editin (yanka da haɗa hotuna), na iya tun daga gida, shi ne kuma abin da zuciyata ke so. Amma a nan duk fim ɗin ɗalibai da aka tashi yi, sai a ce in riƙe sandar makirufo, gobe in taya mai kamara ɗaukar kaya, jibi in rubuta kwantiniti, wato bayanin yadda komai yake a kowane ɗauka don kada ya saɓa da na gaba. Ina tsoron in gama ba a san ni da komai ba. Don Allah me kuke gani?

Wani edita daga Kano:
Wa alaikumus salam ƙanena. Taura biyu ba ta taunuwa. Furodusa in zai kira mutum, sunan aiki guda yake tunawa. Ka tsaya a tacewa.

Wata 'yar uwa mazauniyar Sao Paulo:
Yaya, ban yarda da kai gaba ɗaya ba, domin ƙasar nan tana da tarihinta. A 1990 gwamnatin Shugaba Collor ta rufe Embrafilme, kamfanin gwamnati da ke tallafa wa finafinai da rarraba su, harkar ta kusa mutuwa. Waɗanda suka ci gaba da cin abinci su ne masu iya juyawa zuwa talla da talabijin. Sai a 1995 aka fara farfaɗowa. Har yau kuɗin fim ya dogara sosai kan tallafin hukuma da dokokin sassauta haraji, ranar da aka samu tsaiko lokeshan ya kan yi tsit na watanni.

Ƙanena, dubi Daniel Rezende, editan fim ɗan Burazil. Da tace tallace-tallace ya fara. Cidade de Deus na 2002 shi ne babban fim na farko da ya tace, ya ci BAFTA, lambar yabon fim ta Birtaniya, da shi, aka sa sunansa a takarar Oscar. Ya tace Tropa de Elite na 2007, kuma sai a 2017 ya ba da umarnin babban fim nasa, Bingo. Walter Carvalho ma haka: da kamara aka san shi, shi ya ɗauki Central do Brasil na 1998, daga baya ya yi darakta a finafinan labari da na gaskiya. Kowannensu ya taɓa ayyuka da yawa, amma akwai kujerar da aka fara saninsa a kanta.

Ni dai kada ka raina sandar makirufon nan. Wanda ya taɓa tsayawa hannu sama har kafaɗa ta yi tsami, yana jin ƙarar babur tana shiga maganar jaruma, shi ya san dalilin da ake roƙon kowa ya yi shiru a naɗi sautin ɗaki, wato sautin wurin in babu mai magana. Ranar da ka zauna gaban kwamfuta, sautin nan ne zai ɗinke maka yanka biyu ba tare da kunne ya ji ba. Kwantiniti kuwa rabin tacewa ne.

Wani malamin jami'a:
Ɗana, akwai maganar takarda. Dokar 1978 ta tanadi rajistar ma'aikatan fim, wadda kowa ke kira DRT, kuma da sunan aiki ake yin ta. Ka sa montador, wato mai tacewa, a gaba. Ka leƙa ƙungiyar ma'aikatan fim ta Rio, STIC, su yi maka bayani. Kafin ka karɓi ko sisi kuma, ka tambayi ofishin ɗaliban waje abin da bizarka ta halatta.

Editan Kano:
To na ji, Hajiya. Amma ya sa sharaɗi: duk fim ɗin da zai riƙe musu makirufo, shi za a ba wa tacewar.

Mai tambaya:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Akwai gajeren fim da za mu fara a wata mai zuwa, zan gwada sharaɗin Yaya a kansa. Malam, DRT ɗin sai na kammala digiri, ko ƙungiyar za ta iya ba ni shaida tun yanzu?